Ana zuga maigidana ya bar albasa ya nemi majalisar jiha, ku ba ni shawara

Sale_Mile12
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Da fatan an tashi kasuwa lafiya. Wata magana ce ta hana ni barci kwana uku, na ce bari in kawo ta nan tunda akwai manya a zauren.

Maigidana, wanda ya ɗauko ni daga ƙauye ya kawo ni kasuwar Mile 12 ta Legas ina ɗan shekara sha bakwai, mutanen garinmu sun taso shi a gaba wai sai ya fito takarar majalisar jiha a 2027. Sau biyu suna cika mota su zo har Ketu. Zuwan ƙarshe har da na'ibin liman da ƙanen dagaci. Ya ce musu zai yi istihara, amma ni da nake riƙe da littafin rumfa na san zuciyarsa ta riga ta tafi, don ya fara tambayata nawa muke bin mutane, nawa za a iya haɗawa kafin azumi.

Abin da ke ba ni tsoro shi ne mun taɓa ganin irin wannan a garin. Ba zan kama suna ko jiha ba, wanda ya sani ya sani. Marigayin allo ya yi, boko sai da girmansa ya ɗan taɓa. Da jaki ya fara, yana bin ƙauyuka da kaka yana awon gero da wake, ya ɓoye, ya fitar in damina ta tsaya hatsi ya yi tsada. Daga jaki ya koma keke, daga keke suka fara haɗa kuɗi su uku su yi lodin mota guda zuwa Kano. A zamanin Babangida ya fara zuwa Ikko a saman buhunan albasa, in ya sauke ya biya ta Shagamu ya sari goro ya koma da shi. Kafin a dawo mulkin farar hula a 1999 yana da manyan motoci biyar, da injin niƙa, da sito a bakin kasuwar garin. Ya yi kansila, ya ci majalisar jiha a 2003, ya maimaita a 2007. A 2011 aka hana shi tikiti. Ranar da ya rasu mota ɗaya ta rage masa, ita ma tana kan duwatsu babu taya.

To jama'a, siyasa ce ta cinye shi, ko ƙaddara ce da ko yana kasuwa sai ta same shi? Kuma ni da nake yaro, da wane baki zan ce wa mutumin da ya yi mini aure kada ya yi?

Ɗan_Kamasho_Ijora
Wa alaikumus salam. Amsar ba ta da tsawo. Ka fara tara naka jarin tun yau.

Baba_Zango
Sale, tun daga jakin na gane wanda kake nufi. Allah ya jiƙansa, ya sa ya huta. Mun sha kwana rumfa ɗaya da shi a kan buhu, sauro na ci muna lissafi.

Amma zan gyara maka abu ɗaya, ɗana. Ba kuɗin kamfen ne suka karya shi ba, abin da ya kashe a zaɓensa na farko bai kai kuɗin mota guda ba. Bashi ne ya karya shi, kuma ba wanda ake binsa ba, wanda shi yake bi. Kai ɗan kasuwa ne, ka san yadda harkarmu take. Ka ba manomi taki da iri da man injin ban-ruwa, ya biya ka da albasa in ya cire. Ka ba 'yan sari kaya su sayar su kawo. Dukiyar duk tana hannun mutane, abin da ke riƙe da ita amana ce, da kuma tsoron cewa in ka ci ta Alhaji bana, baɗi ba zai ba ka ba.

To ranar da aka manna fostarsa a bangon tasha, duk wanda yake bi bashi ya zama mai ƙuri'a. Za ka aika yaro karɓar kuɗin buhu talatin wurin magidancin da ke da mata uku da 'ya'ya goma sha masu katin zaɓe? Sai a ce bari zaɓe ya wuce. Zaɓe ya wuce, sai a ce haba, Honarabul guda yana bin talaka kuɗin taki? Kunya ta hana shi tambaya, su kuma suka mai da shi kyauta. Direbobinsa ma haka. Mota ta yi sawu uku a ce biyu ta yi, wa zai bincika? Mai ita yana babban birnin jiha yana zaman kwamiti.

Sale_Mile12
Allah ya ƙara girma Baba. Wallahi jikina ya yi sanyi, don kusan rabin abin da muke juyawa yanzu yana hannun manoman yankin da zai nemi ƙuri'arsu.

Mai_DAF_Kara
Ni ban yarda a mai da marigayi abin tausayi ba. Na yi masa yaron mota shekara huɗu kafin na samu tuƙi, don haka da bakin wanda ya ci tuwon gidan nake magana. Ku da kuke lissafin mota biyar ta koma ɗaya, me ya sa ba ku lissafa hanya? Kafin ya je majalisa, daga garin zuwa bakin kwalta in an yi ruwa babbar mota ba ta shiga. A kan amalanke ake fito da kaya, buhu ya jiƙe, kafin a iso Jebba albasa ta fara wari. Shi ya tsaya kai da fata aka zuba burji aka yi kwalbatoci, aka kuma sa garin cikin kasafin kuɗi aka kawo taransifoma. Yau tirela har ƙofar sito take lodi. Maigidan naka, Sale, a kan wannan hanyar ya yi arziki. Ka tambaye shi.

Ɗan_Kamasho_Ijora
To Allah ya ba shi lada. Amma 'ya'yansa hanyar suka gada?

Mai_DAF_Kara
Sun gaji mutunci. Ka je ka ga jana'izarsa da ka sani.

Hajiya_Mai_Tuwo
Ku maza kuna ta mota da hanya, ba wanda ya tambayi matan gidan. Ni a Idi-Araba nake, amma yayata tana auren wani da ya yi zango ɗaya a majalisar jiharsu. Shekara huɗu tukunya ba ta sauka daga murhu ba. Baƙi tun asuba, kowa sai ya ci, wasu su kwana a zaure sati guda ba ka san dangin waye ba. Ita da take da 'yar sana'arta ta ƙuli da mai sai da ta bari, wai matar Honarabul ba ta suyar ƙuli. Da ya faɗi zaɓe, cikin wata ɗaya zauren ya koma sai akuya. Ya kuma ƙara aure a shekara ta biyu, wannan ba sai an faɗa ba. Sale, kafin ka yi wa maigidanka magana, sa matarka ta ji ta bakin uwargidansa. Ita za ta fi ka sanin inda aka kwana.

Lauya_Obalende
Bari in sa baki ta fuskar doka, don akwai abin da masu zugar ba za su gaya masa ba.

Sharuɗɗan takarar suna sashe na 106 na kundin tsarin mulkin 1999: ɗan ƙasa, mai shaidar karatun sakandare ko daidai da ita, kuma jam'iyya ce ta tsayar da shi. A da sai mai shekara 30, aka rage zuwa 25 a gyaran da Buhari ya sa wa hannu a 2018. A zaɓen 2023 fom ɗin APC na majalisar jiha naira miliyan 2 ne, na PDP dubu 600. A wancan zaɓen dokar zaɓe ta 2022 ta ce kada ɗan takarar wannan kujera ya kashe sama da miliyan 30. Ko ana tsayawa a nan ɗin, ku kuka fi ni sani.

Amma babban abin da ya shafe ku shi ne dokar ɗa'ar ma'aikata da ke cikin kundin. Ta hana mai riƙe da muƙamin gwamnati na cikakken lokaci gudanar da kasuwancin kansa, noma kaɗai aka ware. Kuma dole ya bayyana kadarorinsa lokacin shiga da lokacin fita. Wato in ya ci, a ƙa'ida sai ya miƙa ragamar rumfar ga wani. Wa zai miƙa wa? Akwai rubutu? An yi wa kasuwancin rajista, ko duk a kansa da wayarsa yake? Abin da Baba_Zango ya faɗa ke nan ta wata ƙofar.

Auwalu_Acaba
Barista, to shi marigayin da aka ce allo ya yi, ya aka yi ya wuce? Ko takardar ma sayowa aka yi?

Baba_Zango
Kai yaro, ka iya bakinka a kan mamaci.

Lauya_Obalende
Ba lallai ba ne, Malam Auwalu. Sashe na 318 ya faɗaɗa ma'anar "daidai da ita". Wanda ke da shaidar firamare, ya yi aiki na aƙalla shekara 10 a gwamnati ko kamfani, ya halarci kwasa-kwasai, kuma yana iya karatu da rubutu da magana da Turanci yadda INEC za ta gamsu, yana iya shiga ciki. Mutane da yawa ta nan suka bi.

Malam_Nura_Yaba
Kuma ƙarancin boko bai taɓa hana Bahaushe siyasa ba. Sabo Bakin Zuwo ya yi sanata a jamhuriya ta biyu, ya kuma kayar da Abubakar Rimi ya zama gwamnan Kano a 1983, duk da wata uku kawai ya yi soja suka karɓe. 'Yan kasuwa ma ba yau suka fara shiga gwamnati ba, Alhaji Aminu Dantata ya yi kwamishina a gwamnatin Audu Bako. Bambancin shi ne irin wannan gida akwai 'yan'uwa da ma'aikata da tsari, ko mutum ɗaya ya tafi harka ba ta tsayawa. Namu na ƙauye kuwa, Alhaji shi ne manaja, shi ne akanta, shi ne banki.

Sani_Alaba_Rago
Duk wannan dogon Turanci ne. Ɗan majalisar jiha ɗan amshi ne kawai. Gwamna ya aiko, su ɗaga hannu, a tashi. Mutum ya bar rumfar da yake sarki ya je ya zama yaron wani yana jiran a kira shi gidan gwamnati? Ni da ragunana na fi shi 'yanci.

Malam_Nura_Yaba
Malam Sani, rabin maganarka gaskiya ce. Amma kada ka raina kujerar. Majalisar Kaduna ce ta tsige Balarabe Musa a watan Yuni 1981, gwamna sukutum, saboda NPN ke da rinjaye shi kuma ɗan PRP ne. Majalisar Kano ce ta yi dokar da ta raba masarauta gida biyar a 2019, majalisar Kano ce kuma ta soke ta a watan Mayu 2024. Ko da umarnin wa aka yi, da hannunsu aka yi, ba da hannun sanata ko minista ba. A nan majalisar Legas da ke Alausa ma ai kun ga abin da ya faru a farkon 2025: 'yan majalisa suka cire kakakinsu Obasa ranar 13 ga Janairu suka ɗora Mojisola Meranda, kafin Maris ya yi nisa ya dawo kujerarsa.

Sani_Alaba_Rago
Yawwa, ka kawo mini hujja da bakinka. Sun cire shi da rinjayensu, manya suka ce a mayar, aka mayar. Ina ikon?

Auwalu_Acaba
Ni dai na san ikonsu a jikina. Dokar hanya ta 2012 da ta hana mu hawa manyan tituna, ai a majalisar jihar nan aka yi ta. A kanta da wadda ta biyo baya aka tsaya aka hana acaba a Ikeja da Surulere da Apapa da sauransu daga 1 ga Yuni 2022. Mashin ɗina na biyu a wannan watan ya tafi, ban gama biyan kuɗinsa ba. Mutum 40 ne a majalisar nan, ko ɗaya ba wanda ya san yadda ake biyan balas kullum. Shi ya sa ni nake ganin maigidan Sale in zai yi, a nan ya kamata ya yi, ba can ba.

Garba_Tumatir
A Legas? Kai Auwalu da wasa kake.

Lauya_Obalende
Doka ba ta hana ba. Kundin bai ce sai ɗan asalin jiha ba, ɗan ƙasa ya ce. Jude Idimogu Inyamiri ne, ya wakilci Oshodi-Isolo ta biyu a majalisar Legas daga 2015 zuwa 2023. Abin da ya kai shi ƙuri'ar mutanensa ce da suka yi rajista a inda suke zaune. Legas ƙananan hukumomi 20 ne a kundin, kowacce kujera biyu. Ku ƙirga Hausawan Agege da Mile 12 da Idi-Araba da Alaba Rago, sannan ku tambayi nawa ne katinsu na nan ne.

Garba_Tumatir
To ai matsalar ke nan. Mu zaɓe na matsowa sai mu hau mota mu tafi gida, wani don ƙuri'a, wani don tsoron rikici. Wanda ya ga abin da ya faru a Mile 12 a watan Maris 2016 ba za ka ga laifinsa ba. Kasuwa ta yi kwanaki a rufe, tumatir ya ruɓe a mota. Mun shekara talatin a gari amma kullum jakarmu a ɗaure take.

Hajiya_Mai_Tuwo
Ni na mai da katina nan tun kafin zaɓen 2019. 'Ya'yana a nan aka haife su, Yarbanci a bakinsu kamar Hausa. Wa zan je in zaɓa a garin da nake zuwa sau ɗaya a shekara?

Malam_Nura_Yaba
Kuma Yarbancin zai yi musu rana, Hajiya, don majalisar Legas da Yarbanci take zama ranar Alhamis. Kundin ya yarda majalisar jiha ta ƙara harshen mutanenta a kan Turanci in ta amince.

Admin_Zaure
Jama'a muna nisa da tambayar Sale. Maganar rajista a buɗe mata nata zaren. Kuma na goge saƙo biyu na zagin jam'iyya, wanda ya sake zan fitar da shi.

Tsohon_PA
Bari in dawo da mu. Na yi wa wani ɗan majalisar jiha hidima shekara huɗu, ni ke riƙe masa waya da jaka, kafin na dawo nan na kama harkar canji. Abin da zan faɗa gani ne ba ji ba.

Ranarsa tana farawa daga sallame sallar asuba. Kafin ya taka daga masallaci zuwa gida an tare shi da takardar magani, da katin ɗaurin aure, da mai haihuwa an ce sai an yi mata aiki, da yaron da za a rufe rajistar NECO bai biya ba. Ba wanda ya taɓa tare shi ya ce wane ƙuduri ka kai. Shekara huɗu, ko mutum ɗaya. Albashi da alawus suna shigowa, kafin sati biyu sun ƙare, sai a koma aljihun kasuwa. In aljihun kasuwa ya ƙare sai a koma banki. In banki ya ƙi, sai a koma neman kwangila da sunan ƙane, daga nan kuma bakinka ya mutu, ba ka isa ka tambayi kwamishina ina kuɗin asibiti suka shiga ba. Malam Sani da yake cewa 'yan amshi, ga yadda ake zama ɗan amshin. Ba wai an haife su haka ba ne.

Sannan kafin a je wannan, akwai zaɓen fid da gwani. Can ne ake yanka ɗan kasuwa. Daliget ya karɓi naka ya karɓi na abokin takararka, ya rantse wa kowa. Ko kuma dare ɗaya a kira ku a ce an yi maslaha, ka janye wa wane. Kuɗin da ka kashe shekara biyu kana gyara masallatai da sayen ƙwallo da rigunan 'yan wasa, sai dai ka nemi lada.

Tambayar da zan so maigidanka ya yi wa masu cika mota su zo Ketu: cikinku wa zai sa kuɗinsa? In kowa baki ya kawo, to ba shi suke so ba, sitonsa suke so.

Sale_Mile12
Kuɗin man motar da suka zo da ita ma mu muka biya, zuwa da komawa. Har da na tsaraba.

Ɗan_Kamasho_Ijora
Hahaha. An fara ke nan. Allah ya sa albarka.

Basakkwace_Mai_Albasa
Ni abin da ni gani, mutanen ga ba su san albasa ba. Albasa ba gero ba ce da za ka zuba rumbu ka tahi Abuja ka dawo. Ka sa ta rudu, wurin ajiyarta, tun bazara, kullum sai an duba, a fid da wadda ta fara lalacewa, in ba haka ba guda ta kashe buhu. Kuma sanin ranar da za ka fitar shi ne duk sana'ar. Ka yi saurin sati biyu ka yi asara, ka yi jinkirin sati biyu sabuwa ta shigo ta karya ka. Mutanenmu na Aliero da wannan suka gina gidaje. Wanda hankalinai ke wurin taron jam'iyya ba ya iya wannan lissahi. Ba a haɗa gudu da susar baya.

Mai_DAF_Kara
To in duk mai abin hannu ya ce ba zai yi ba, wa zai yi? Sai a bar wa wanda bai taɓa sayar da ko tsinke ba, ya shiga da talauci ya fita da gidaje. Mu da muke kan hanya mun san abin da muke sha. Daga Kano zuwa nan ka ƙirga shingen masu karɓar haraji, kowace ƙaramar hukuma da rasit ɗinta, wani ma ba rasit. Duk a kan buhun yake ƙarewa. Marigayi ya taɓa tashi a zauren majalisa a kan wannan, da Hausa ya yi maganarsa, don ya biya da hannunsa ya san zafin. Ɗan boko da bai taɓa kwana a Mokwa mota ta lalace ba, me zai ce?

Lauya_Obalende
Gaskiya ne, harajin jiha da na ƙananan hukumomi majalisar jiha na da ta cewa a kai. Amma a lura, titin Mokwa zuwa Jebba na tarayya ne. Kada a yi wa mutane alkawarin abin da kujerar ba ta kai ba.

Ummu_Sadiq
Assalamu alaikum iyayena da yayyena. Ban cika magana a nan ba, amma wannan ta taɓa ni. Mahaifina ɗan kasuwar hatsi ne, ya yi majalisar jiha zango ɗaya, guguwar 2015 ta tafi da shi kamar yadda ta tafi da mutane da yawa, mai laifi da marar laifi. Bai karye ba. Dalili kuwa, kafin ya sayi fom sai da ya tara ƙannensa biyu da babban yaronsa gaban liman, aka rubuta komai, aka ware jari aka ce wannan ko zai mutu ba a taɓa shi don siyasa. Ya ware gona ɗaya da gida ɗaya ya ce su ne kuɗin siyasarsa, in sun ƙare ya gama. Sun ƙare kuwa. Mutane sun zage shi, sun ce marowaci ne, har waƙa 'yan jagaliya suka yi masa. Wataƙila ma shi ya sa bai koma ba. Amma ranar da ya sauka ya koma kan buhunsa a Dawanau kamar bai taɓa tashi ba.

Abin da ya fi damunsa har yau ba kuɗin ba ne. Akwai aminansa biyu da suka yi shekara talatin suna cin abinci kwano ɗaya, siyasar ta raba su, har yanzu sai dai gaisuwa a jana'iza.

Sani_Alaba_Rago
To kin ga ni. Wanda ya tsare dukiyarsa an ce marowaci an kayar da shi. Wanda ya saki an sake zaɓarsa ya mutu da mota kan duwatsu. Ku zaɓar wa maigidan Sale ɗaya.

Malam_Nura_Yaba
Amma shi marigayin ma ai ba talakawa suka kayar da shi ba, tikiti aka hana shi. Baba_Zango, me ya haɗa shi da manyan jam'iyyar a 2011?

Baba_Zango
Abin da ya gaya mini da bakinsa, kuma Allah ne shaida, an kawo wata takardar cin bashi da jiha za ta yi, aka ce kowa ya sa hannu a daren. Ya ce shi ɗan kasuwa ne, ba ya sa hannu a bashin da bai ga me za a saya da shi ba, bai ga ranar biya ba. Su uku suka ƙi. Takardar ta wuce ba da su ba, su ukun kuma ba wanda ya koma. Wasu sun ce ba haka ba ne, rigimar kujerar shugaban ƙaramar hukuma ce. Ni dai abin da ya faɗa mini ke nan a Agege, muna shan fura, shekara biyu kafin rasuwarsa. Kuma ban ji nadama a muryarsa ba. Abin da ya ce yana nadama shi ne bai rubuta bashinsa ba.

Garba_Tumatir
Allahu akbar. Allah ya jiƙan maza.

Auwalu_Acaba
Baba a yafe mini maganar takarda da na yi ɗazu.

Sale_Mile12
Na gode ƙwarai jama'a, Allah ya bar zumunci. Bayan la'asar na yi ƙarfin hali na karanta wa maigida saƙon Baba_Zango na farko da na Ummu_Sadiq, na ce wasu ne ke hira a waya. Bai ce komai ba har na gama. Can sai ya ce in ɗauko littafi in ware masa bashin da ke yankinmu daban, da sunan kowa da ranar da ya karɓa. Ban sani ba ko don ya karɓo kafin fosta ne, ko don ya ga abin da zai yi asara ne. Ya kuma tambaye ni wane dattijo ne wannan da ya san marigayi haka.

Ɗan_Kamasho_Ijora
Don ya haɗa kuɗin fom ne. Mu sa hannu a kai, nan da babbar salla za ka ga hotonsa a bayan motocinku.

Mai_DAF_Kara
In ya fito ni zan fara mannawa a tawa.

Baba_Zango
Ka ce masa ya same ni Agege bayan sallar Juma'a, ya san rumfar masu goro ta bakin layin dogo. Kai ma ka biyo shi, ka taho da littafin.

Hajiya_Mai_Tuwo
Kuma har yanzu ba wanda ya tambayi uwargidan.